Tsohuwar da Na Ƙara a Labarin Wando

Matso kusa ka ji, don ba zan ɗaga murya ba. Wannan labari ne da ban taɓa bayarwa a waya ba, kuma in ka bi ni za ka gane dalili.

Ni ba mai fita ba ce. Na fi shekara ashirin a hawa na biyar na wani dogon gini a University Heights, cikin Bronx, kuma in aka haɗa duk fitar da na yi ba ta kai ta maigidana ta wata ɗaya ba, shi da yake tuƙa tasi. Sana'ata a kicin take: cincin, dubulan, dambun nama. In na ƙulla a leda, maigida ya sauke wa masu tebur a titin 125 da titin Canal. Boko ban yi nisa ba. Turancina na talabijin ne da na bakin 'ya'ya, ina ji fiye da yadda nake mayarwa. Amma kunne kam Allah ya ba ni. Daga yadda mukulli ya juya a ƙofa nake sanin ko ranar ta yi wa maigida kyau.

Ɗana na fari kuwa, ka san mu, ba na kama sunansa. Kunyar ɗan fari da ita na taso a Kano, da ita na haye teku, ko a asibiti sai dai in nuna takarda. Sunan kaɗai nake ɓoyewa. Sauran, za ka ji.

A shekarun nan da kowa ya koma shafa fuskar waya, yana da shekara ashirin da biyar, yana aiki a wani asibiti, yana tura marasa lafiya a keke daga ɗaki zuwa wajen ɗaukar hoto. Tsofaffi na ta sa masa albarka. In ya taso daga aiki kuma sai ya shige wadirof ɗin ɗakinsa, wanda ya liƙe da bargunana biyu, ya ja ƙofa, ya zama mawaƙin rap. A cikin wadirof shi ne mai Bronx ɗungurungum. Yana da bindigogi, yana da zaratan da ke jiran umarninsa, 'yan sanda na canja titi in sun hango shi. Wannan fa shi ne wanda ranar Layya, in mun je gonar da ake yanka a bayan gari, yake zama a mota ya ɗaga gilashi har a gama fiɗa. Ban hana ba. Na ce in dai iyakar ta'asar tsakanin riguna take, Allah ya ƙara basira.

Ina da ƙawa guda, 'yar Zangon Kumasi, tana zaune a Harlem tana kitso a falonta. Mace da namiji duk "kai" ne a bakinta, na daɗe da daina gyara mata. Wata ɗaya muka haihu, ita ma namiji. Yaran nan tare suka yi Islamiyya, tare suka fara aske, tare suka fara shiga wadirof. Abin da ya raba su takardar talla ce. An shirya wani taron waƙa a ƙasan wani gidan abinci, aka buga sunan ɗan ƙawata a sama, na nawa a ƙasa. Waɗanda suka je taron ba su kai masu zuwa walimar suna ba, amma daga ranar aka ja daga.

Ɗana ne ya fara sakin waƙar zambo a intanet. Ni ban ga baƙon abu ba, don a gida ma mun san zambo. Sai dai mawaƙinmu na can yana sakaya suna, ya bar mai abin ya tsargu da kansa. A nan kuwa da suna ake farawa, sannan unguwa, sannan takalmi. Kuma suna da doka: in aka yi maka, dole ka rama da zafi-zafi, in ka yi shiru ka mutu. Ɗana ya ce sarƙar wuyan wancan jabun titin Canal ce, tana mayar da wuya kore. Wancan ya ce ɗana bai taɓa riƙe abin da ya fi keken marasa lafiya haɗari ba. Ɗana ya sake ramawa. Haka aka yi ta yi, Bronx da Harlem, kowa na rantsuwa unguwar tasa ce, alhali duk ƙarshen wata mai gini ne ke tuna mana ko ta wa ce.

Mu iyaye mata muka ce rigimar yara ce, ba ruwanmu. Kullum bayan azahar muna kan waya kamar yadda muka saba. Hannuna cikin ƙulli, hannunta cikin kan wata, don haka ni in buɗe sifika in jingina wayar da gwangwanin madara, ita ma ta buɗe tata ta ɗora a hannun kujera. Da Hausa muke yi, hankali kwance. Yaran da aka haifa a nan ai ka yi musu Hausa su mayar maka da Turanci, har ka manta cewa shiga dai tana shiga.

A wannan lokacin akwai maganar aurensa. Yarinyar 'yar Maraɗi ce, da wayonta aka kawo ta, Hausarta garau, tana karatun jinya. Mahaifinta yana da tebur a titin 125 na Harlem, yana sayar da turare da huluna da man kaɗanya. Manya sun je, an kai goro, an sa rana bayan Babbar Sallah. Ina sonta tun ranar da ta shigo kicin ɗina ta ɗauki matsami ba tare da an ce mata ba.

To, shi ɗan nawa yana da wata al'ada. In ya dawo daga aiki yakan zauna a kan bokitin shinkafa, yana tsintar cincin mai zafi, yana ba ni labarin duniya. Shi da Turanci, ni da Hausa. Abin da bai gaya wa ubansa ba, a kan bokitin nan nake ji. Wata ranar Talata ya shigo da jaka a bayansa ta sauko har cinya, ya rufe ƙofar kicin, ya miƙo min wando.

Ashe bai gamsu da goron manya ba, sai ya yi irin na talabijin. An riga an ba shi, ya je yana roƙo. Ya sayi zobe, ya tsayar da yarinyar a tashar jirgin ƙasa, ya durƙusa da gwiwa ɗaya. Wandon kuwa irin na lokacin ne, wanda sai an kwanta ake sawa. Yana kaiwa ƙasa ya ji ƙarar yagewa, tun daga baya har gaba. Yarinyar ta karɓi zoben tana dariya tana hawaye, ta tsaya a bayansa har suka shiga jirgi.

"Umma, ni da ke da ita kawai," in ji shi.

"Wa zan gaya wa?" na ce. "Ina nake zuwa?"

Kuma gaskiya na faɗa, ba inda na je. Na ɗinke wandon. Washegari bayan azahar na jingina waya da gwangwanin madara.

Ban yi niyya ba. Ƙawata ce ta ce min muryata na rawa kamar mai riƙe da abu. Na fara, tana ihu, wadda ake yi wa kitson ma tana ihu. Da na zo wajen yagewar sai na ji labarin ya ƙare da wuri, dariya ba ta kai inda nake so ba. Sai na ƙara tsohuwa. Na ce wata tsohuwar Baturiya mai jar hula da ɗan kare ta matso, ta ninke jaridarta, ta miƙa masa ya rufe bayansa, ta ce masa Allah ya ba da zaman lafiya. Ƙawata ta yi dariya har na ji mataji ya faɗi. Ni ma na ji daɗin kaina.

Bayan kwana goma waƙar ta fito.

Na san ta fito ne saboda ɗana ya shigo bai zauna a kan bokiti ba. Ya wuce ɗaki, ya sa ta, ta ƙare, ya sake sawa. Turancin rap gudu yake, ban kama rabinsa ba a karon farko. A karo na uku na kama tasha. A na huɗu na kama gwiwa. Wancan ja'irin har ƙarar yaga tsumma ya ɗauka ya sa a cikin kiɗan, tana dawowa duk bayan baiti. A karo na biyar ina tsame cincin na ji jarida, na ji jar hula, sai ga haushin ɗan kare. Matsamin ya tsaya a hannuna har kaskon ya ƙone.

Ya fito idonsa ja. Ya ce mutum uku ne suka sani, shi bai faɗa ba, ni kuma ba na fita, ba na Turanci. Saura wa? Ga yarinyar a Harlem take zaune, layi biyu tsakaninta da gidan wancan.

"Ba faɗar ce ta fi ƙona ni ba, Umma. Ƙaryar. Babu wata tsohuwa! Ta zauna ta ƙirƙiri tsohuwa don su yi min dariya!"

Na ce, "Allah ya kyauta." Abin da na ce ke nan. Na juya na kankare kasko.

Ya daina ɗaga wayarta. Kwana uku, sai ga ta da la'asar, shi yana wajen aiki. Ta gaishe ni har ƙasa, ta zauna, ta kwance bakin mayafinta ta ajiye zoben kusa da faranti.

"Mama, na rantse masa da Alƙur'ani bai yarda ba. Ko ƙanwata ban gaya wa ba. Ni ina na ga tsohuwa?"

Na dube ta, na dubi zoben, na ce ta yi haƙuri, maza sai da haƙuri. Na cika mata leda da dubulan. Har yau in na tuna ledar nan sai in ji kunya ta rufe ni. Yarinya ta zo da rantsuwa, na sallame ta da dubulan.

Tana fita na kira Harlem, wannan karon wayar a kunnena.

"Ɗanki ya sa tsohuwata a waƙa."

"Ei! Yarona? Yarona ba ya jin Hausa, kai ma ka sani. Kuma kullum da abin kunne a kansa, ƙato kamar ƙwarya."

"Yana nan?"

"Ga shi zaune, kai na kaɗawa."

"Ce akwai sauran nama a tukunya. A hankali, kada ki dube shi."

Na ji ta faɗa, ƙasa-ƙasa, kamar da ni take. Na ji shiru. Na ji kujera ta motsa. Na ji murfin tukunya.

"Ɗan banza!" ta ƙwala. "Ashe ba komai a cikin abin kunnen!" Na ji ta bi shi da wani abu, daga ƙarar ina jin takalmi ne. Ta dawo tana haki. Na zata haƙuri za ta ba ni, sai ta ce, "Amma tsaya, Hajiya, kada ka ɗora min duka. Haƙorin zinaren yarona, da yake cirewa ya sa a kofi kafin ya gaida babansa, wa ya sa shi a waƙa watan jiya? Ba ɗanka ba? A ina ya ji? Ni kai kaɗai na gaya wa."

Wata biyu mayaƙan Bronx da Harlem na gwabzawa, duniyarsu na tafi, ashe makaman duka daga wayar tsofaffi biyu suke fitowa bayan azahar.

Na kwana biyu ina shirya yadda zan faɗa, ina fasawa. Ka gane, ba faɗansa nake tsoro ba. Bokitin nake ji. Na san in na buɗe baki ba zai ƙara zama a kai ba. Har na fara ce wa kaina zai huce, yarinyar za ta huce, a yi biki, tsohuwa ta mutu ba wanda ya san uwarta.

Ranar Alhamis ya dawo da wuri ya shige wadirof. Na ji shi ta bango yana maimaita baiti ɗaya, kuma ba da wancan yake ba. Na ji 'yar mai tebur. Na ji turare. Na ji ya ce bakinta rediyo ne da ba ya mutuwa. Ya kira wani a waya ya ce gobe Juma'a zai saki. In wannan ta fita, samarin da ke tsaye gefen teburin ubanta ne za su fara sa masa ita. Daga nan ba goron da zai gyara.

Na wanke hannu, na shiga ɗakin, na ja ƙofar wadirof. Yana tsugune tsakanin riguna, gumi na zuba, fuskar nan a murtuke irin ta mai Bronx.

"Umma! Ina ɗauka!"

"Kashe."

"Umma, wannan ba maganarki ba ce."

"Tsohuwar nan mai jarida, karenta fari ne, ƙarami, mai igiya shuɗiya. Wancan bai sa igiyar ba, ya manta."

"Babu wata tsohuwa, na gaya miki!"

"Na san babu. Ni na haife ta, a kicin ɗin nan, ranar Laraba."

Ya cire abin kunnen a hankali. Na gaya masa gwangwanin madara, na gaya masa sifika, na gaya masa murfin tukunya. Ya buɗe baki zai fara, na ce ya dakata, shi labarin haƙori a kofi daga ina ya samo? Ya rufe bakin. Ya daɗe yana kallon bargona.

"Kin ce ba inda kike zuwa," in ji shi.

"Ban je ba."

Bai yi dariya ba. Ya fito, ya sa takalmi, ya ɗauki zoben daga inda na ce masa na ɓoye shi cikin kwanon gishiri, ya tafi Harlem. Kafin magariba ya dawo da shi a aljihu. Yarinyar ta ce ta ji, amma ba daga bakinsa take so ba. Wadda ta ba ta dubulan ta zo da ƙafarta ta faɗa gaban mahaifinta, don shi ya ga kukan da ta yi.

Ranar Asabar na sa mayafi na shiga jirgi, ina riƙe da ƙarfe da hannu biyu, ɗana a gefe. Muka fito 125, ko'ina kiɗa, ko'ina mutane. Mahaifinta ya tashi ya ba ni kujerarsa, muka gaisa, ya tambayi maigida. Ita tana tsaye bayan teburin tana jera kwalabe.

Na ce na zo ne kan maganar waƙa.

"Wace waƙa, Hajiya?"

Ashe bawan Allah bai taɓa jin ta ba. Duk wannan yaƙin da ya girgiza gari bai iso teburin da ke tsakiyar Harlem ba. Abin da ya sani kawai 'yarsa ta daina cin abinci. Dole na ɗauko tun daga tashar jirgi, a bakin titi, mai wandon na tsaye yana kallon sama. Na ba da shi a bushe, ba gishiri, ba ƙari, kuma ban taɓa ba da labarin da ya wahalar da ni kamar wannan ba. Na ce 'yarsa ba ta faɗa ba, ni na faɗa, na kuma yi ƙarya a kai, na kuma yi shiru tana rantsuwa a gabana.

Ya shafa gemu, yana danne dariya.

"To, Hajiya, na ji. Allah shi yafe muna duka. Ni abin da ban gane ba, mi ya kai shi durƙuso? Ba mun amshi goro ba?"

Yarinyar ta miƙo hannu, ɗana ya sa mata zoben, a tsaye.

Ita ta raka ni bakin tasha, tana riƙe da jakata. Da muka kai matakala ta tsaya.

"Mama, na yafe, wallahi har zuciya. Amma zan roƙe shi abu guda, gara ki ji daga gare ni. Abin da ya faru a ɗakinmu ba zai riƙa zuwa kicin ɗinki ba."

Na ce ta yi daidai. Me zan ce?

Waƙar Juma'a ba ta fita ba, kuma bai rama wa wancan ba. A dokarsu ya mutu ke nan. Mamacin ya ci gaba da zuwa aiki, aka yi biki bayan Sallah, wanda ya kashe shi na cikin abokan ango, ya ci shinkafa faranti biyu. Bargunana suka dawo kan gado.

Yanzu suna can ɗaya gefen Bronx da 'ya'yansu. Duk Lahadi suna zuwa, ba fashi. Yana zama a falo kusa da ubansa, in na leƙo na ce yaya aiki, yaya gida, ya ce lafiya lau, Umma. Da fara'arsa yake faɗa. Kunnena na jin akwai magana a ƙarƙashi, wani lokaci mai daɗi, wani lokaci mai nauyi, amma a ƙarƙashin take tsayawa. Na samu suruka irin wadda kowa ke roƙo, kuma ni da hannuna na biya da hirar ɗana.

To kai da ka zauna ka ji, gaya min tsakani da Allah: da kai ne a bakin wadirof ɗin nan ranar Alhamis, ka san abin da za ka rasa, za ka ja ƙofar?